Minti 26 Daga Awa 20: Yadda Muka Haɗa Dokumentari a Karofin Ƙofar Mata

A fim ɗin wasa, idan jarumi ya yi tuntuɓen harshe, darakta zai ɗaga hannu ya ce a sake. A dokumentari babu a sake. Marini zai tsoma zane a rijiya ya ɗago shi kore-kore, iska ta buge shi, kafin ka ƙirga talatin ya fara rikiɗa zuwa shuɗi. Idan a daidai lokacin kana fama da canjin batir, wannan zanen ya wuce ka ke nan, domin tsomawa ta biyu ba za ta ba ka launin ta farko ba. Duk abin da zan lissafa a nan, tun daga gaisuwar mai unguwa har zuwa girman katin memori, hidimar wannan rabin mintin yake yi. Zan bi aikin yadda muka bi shi da muka ɗauki shiri na minti 26 a kan marinan Ƙofar Mata a Kano, mu huɗu: darakta, mai ɗaukar hoto, mai ɗaukar sauti, da mataimakiya ɗaya.

Mun yi kusan wata guda ba mu fito da kyamara daga jaka ba. Makon farko karatu ne. Shekarar da ake dangantawa da kafuwar karofin ita ce 1498, ƙarshen zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, kuma Bajamushen nan Heinrich Barth da ya zo Kano a 1851 ya yi dogon bayani a kan cinikin rinannen tufafi da ake kaiwa har hayin Sahara. Irin wannan ana samunsa a Gidan Makama, da Arewa House da ma'adanar takardun tarihi ta ƙasa a Kaduna, da ɗakin karatun Jami'ar Bayero. Amfanin karatun shi ne kada ka je gaban dattijo da tambayar da za ta nuna masa ba ka san komai ba. Wanda ya ji ka ambaci kalmomin sana'arsa, irin su baba, katsi, muciya, laso, zai gyara zama ya ba ka abin da ba ya ba ɗan yawon buɗe ido.

Sai izini, kuma hawa-hawa ne. Akwai na hukuma: a Kano, Hukumar Tace Fina-finai ta jiha ce ke kula da harkar ɗaukar fim, kuma gara ka je ofishinsu da takardar bayanin shirinka tun kafin ka sa rana. Idan kana son hoton sama da jirgi maras matuƙi, wannan wata hanya ce daban, sai da amincewar hukumar kula da sufurin jiragen sama ta ƙasa da ta ofishin mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, kuma ba abu ne na kwana biyu ba. Mu mun haƙura da shi, muka roƙi wani maƙwabci ya bar mu mu hau saman benensa. Izinin da ya fi nauyi shi ne wanda ba a buga masa hatimi. Zuwa da kai ya fi aike: ka je wurin mai unguwa, ka durƙusa, "Ranka ya daɗe, mun zo da wata 'yar buƙata," sannan shugaban marina, sannan kowane mutum da fuskarsa za ta fito. Takardar amincewa da Hausa muka rubuta ta, shafi ɗaya, ta faɗi inda za a nuna shirin, har da intanet. Wanda ba ya karatun boko sai a karanta masa a gaban kyamara, ya amsa da bakinsa, a adana wannan ɗaukar tare da takardun.

A nan ne maganar kuɗi take tasowa, kuma ina ganin kuskure ne a bar ta sai ranar ɗauka. Marini da ya zauna ya ba ka awa biyu ya bar aikin awa biyu. Ra'ayina shi ne a biya shi lokacinsa, a faɗi adadin tun farko a gaban shugabansu, kowa ya ji. Abin da ba a yi shi ne sayen magana. Da zarar mutum ya fahimci cewa kukan talauci ne ke kawo ƙarin kuɗi, to kukan zai yi maka, ka koma gida da fim ɗin da kai ka rubuta shi ba ka sani ba.

Sauran makonnin zama muka yi. Mu zo da hantsi, mu sami benci, mu sha shayi, mu kalli aiki. Hausawa sun ce ido wa ka raina, ya ce wanda nake gani kullum, kuma wannan rainin shi mai dokumentari yake nema. Ranar farko kowa gyara hula yake yi idan ya gan ka. A rana ta goma ba wanda zai ɗago kai. A zaman ne darakta yake gano mutum uku ko huɗu da za su ɗauki nauyin labarin, shi kuma mai ɗaukar hoto yana rubuta abin da ya shafe shi: ƙarfe nawa rana take leƙowa bayan katanga, ƙarfe nawa inuwar rumfa take rufe rijiyoyin gabas, ina za a kafa ƙafar kyamara ba a tare hanyar masu ɗauko ruwa ba. Mai sauti kuwa kunne yake kasawa. Karofin yana bakin babban titi, a-daidaita-sahu ba sa ɗaukewa daga safe har dare, don haka tun a lokacin muka yanke cewa duk wata doguwar hira za a yi ta ne bayan sallar asuba ko a cikin gida.

Kayan da muka fita da su ba su da yawa. Kyamara ɗaya babba da ƙarama ta ko-ta-kwana. Idon kyamara biyu: mai zuƙowa daga milimita 24 zuwa 105 wanda ya yi kusan duk aikin, da na milimita 50 mai buɗewa sosai saboda ɗakuna masu duhu. Ƙafar kyamara mai kan da yake juyawa a hankali. Batir shida, katin memori huɗu masu gigabait 128, makirufo biyu na maƙalawa a riga, ɗaya na sanda da rigarsa ta gashi mai tare iska, na'urar naɗar sauti, abin sauraro na kunne, farin faifan mayar da haske, fitila ɗaya mai batir, da rumbun ajiya biyu masu terabait biyu-biyu. Lissafin katin mai sauƙi ne: idan kana ɗauka a 4K da megabit 100 a daƙiƙa, awa ɗaya tana cin kusan gigabait 45, wato kati ɗaya ba ya kai awa uku. Mun ɗauki kamar awa uku a kowace rana, kwana bakwai, jimla wajen awa 20, gigabait ɗari tara.

Saitin kyamara ana yinsa sau ɗaya a daren jajibere, a duba na duka kyamarorin biyu. Wutar lantarkinmu tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa, saboda haka hoto 25 a daƙiƙa ake ɗauka, ƙiftawar kyamara kuma, wato lokacin da take barin haske ya shiga a kowane hoto, ɗaya bisa 50 na daƙiƙa. Sabuwar kyamara sau da yawa tana zuwa a saitin Amurka, hoto 30 da ƙiftawa ɗaya bisa 60, kuma wanda bai canza ba zai ga wasu ratsi-ratsi suna hawa da sauka a duk hoton da ya ɗauka ƙarƙashin ƙwan lantarki. Da janareta ma, ko saitinka daidai ne, ratsin na iya fitowa idan injin yana tangal-tangal. Maganinsa a kashe ƙwan, a yi aiki da hasken taga da fitilar batir.

Ranar Kano ita ce babbar abokiyar gwagwarmaya. Da tsakar rana, idan kana son ka riƙe ƙiftawa ɗaya bisa 50 ba tare da ka tsuke idon kyamara har ƙarshe ba, sai ka sa mata tabarau, baƙin gilashin nan mai rage haske, na mataki shida zuwa bakwai. Wanda bai zo da shi ba sai ya ƙara saurin ƙiftawa, motsin hannun marini ya riƙa fitowa a tsittsinke. Sannan ga matsalar da duk mai ɗaukar hoto a ƙasar Hausa ya sani: baƙar fuska cikin farar riga, da hula tana yi wa ido inuwa. Idan ka bar kyamara ta yi wa kanta hukunci, rigar za ta bi, fuskar ta nutse. Fuska ake bi. A juya mutum rana ta kasance a bayansa ko a gefensa, a sa farin faifan a ƙasa ya maido haske ƙarƙashin hular, a haƙura da ɗan ƙonewar rigar muddin ana ganin aikin wuyanta. Faifan kuma farin gefensa ake amfani da shi; na azurfar yana kashe wa mutum ido, sai ya yi ta runtsewa yana magana.

Shi kansa shuɗin baba wuya gare shi. Zanen da aka yi ta tsomawa har ya yi duhu, a ido shuɗi ne mai zurfi da ɗan ja-ja yana walƙiya a kansa, amma a kyamara baƙi ƙirin yake fitowa idan hasken ya zo masa gaba da gaba. Sai hasken ya zo daga gefe, yana shafar zanen, sannan launin yake tashi. Wannan ya sa duk hoton shanya da na zanen da aka gama bugu mun ɗauke su tsakanin ƙarfe bakwai da tara na safe, ko bayan la'asar. Daidaita fari, wato nuna wa kyamara launin da za ta ɗauka a matsayin fari, shi ma da hannu ake yi, a kafa shi a 5600 na ma'aunin Kelvin a waje, a bar shi. Idan aka bar wa kyamara, da zarar shuɗin zane ya cika allo sai ta ɗauka kuskure ne, ta yi ƙoƙarin gyarawa, fuskar marini ta koma ruwan lemo a tsakiyar ɗauka. A farkon kowane wuri muna ɗaga katin launi a gaban kyamara na daƙiƙa biyar, da wani ƙyallen rinanne da muka ajiye har ɗakin tacewa don a gwada shi da abin da ke kan allo.

Ga yadda muka ɗauki tsomawar nan ta farko. Mun tambayi marinin tun jiya wane zane zai fara da shi, a wace rijiya. Aka sa sabon batir da sabon kati, aka kafa kyamara a ƙasa-ƙasa, kusan daidai bakin rijiyar, rana tana gefen dama. Ba wanda ya ce masa ya fara. Ya tsuguna, ya kawar da kumfar saman ruwan da bayan hannu, ya nutsar da farin zanen yana murza shi a ƙarƙashi, ya ɗago. Ruwa na zuba daga gefensa, launinsa kamar ɗanyen ganye, sannan daga wajen ninkin da iska ta fara taɓawa shuɗi ya soma bi yana yaɗuwa. Mai ɗaukar hoto bai zuƙo ba, bai juya ba, bai taɓa komai ba har minti biyu. Da an yanka wannan ɗaukar gida biyu, mai kallo zai zaci dabarar kwamfuta ce. Sai bayan an sami wannan cikakkiyar aka tashi aka bi sauran: hannu kusa-kusa, fuska, faɗin wurin gaba ɗaya, ta bayan kafaɗarsa, da ɗigar ruwa a ƙasa. Kowace ɗauka a riƙe ta aƙalla daƙiƙa goma ko da ba abin da ke motsi, kuma a tsaya a gefe ɗaya na mai aikin. Idan ka tsallaka ɗaya gefen, a allo zai zama kamar ya juya baya ne, hannun damansa ya koma hagu.

Na fi jan kunnen masu tasowa a kan sauti fiye da komai, domin mai kallo yana yafe hoto mai ɗan duhu amma ba ya zama da muryar da ba ya ji. Makirufon riga ana maƙala shi kamar taƙi ɗaya ƙasa da haɓa. Abokiyar gabarsa ita ce shadda mai sitaci: mutum ya ji za a ɗauke shi, ya shiga gida ya fito da sabuwar shadda, duk numfashin da ya ja sai ka ji ƙwaras-ƙwaras a kunne. Ko dai a roƙe shi ya zauna da kayan aikinsa, wanda dama shi ya fi dacewa, ko a fito da makirufon fili a daina ɓoye shi, ko a koma na sanda, a rataye shi kamu ɗaya sama da kansa yana kallon bakinsa. Ma'aunin murya a na'urar naɗi ya riƙa kaiwa desibel 12 ƙasa da sifili, kada ya wuce. A rumfar masu bugu kuwa, inda mutum biyu ko uku suke sauke manyan tabaren katako a kan zane bi da bi, ƙarar takan fasa naɗin idan an bar ma'aunin hira. Mun buɗe layi na biyu da aka rage shi da wajen mataki 12, kuma shi ya cece mu, domin na farkon ya farfashe. Bugun nan kiɗa ne da kansa, shi muka shimfiɗa a ƙarƙashin buɗewar shirin ba mu nemi wani ba.

Abu uku ba a mantawa. A tafa hannu sau ɗaya a gaban kyamara a farkon kowace ɗauka, don a sami inda za a haɗa hoto da sauti. A ƙarshen kowace hira kowa ya yi tsit na minti ɗaya a naɗi shirun wurin, da shi ake cike giɓin da yanka ya bari. Sannan a san lokutan salla: a tsaya kafin ladan ya fara, a je a yi salla, a dawo. Amsar da kiran salla ya ratsa ba ta yankuwa, kuma ba ladabi ba ne a datse kiran a tsakiya.

Hira da dattijo tana da wani abu da littattafan koyon fim na waje ba su faɗa. Bahaushe ba ya magana a bar shi shi kaɗai. Mai sauraro yana amsa masa da "na'am", "haka ne", "ikon Allah". Duk wannan yana shiga naɗi, ya hau kan muryar mai magana, ba ya fita. Dole darakta ya koyi amsawa da kai da ido kawai, kuma dole ya faɗa tun farko: "Baba, za ka ga na yi shiru ina gyaɗa kai, ba raini ba ne, na'urar ce ba ta son murya biyu." Idan ba a faɗa ba, sai dattijon ya ɗauka maganarsa ba ta shiga, ya taƙaita. Ka zauna daidai da shi ko ƙasa da shi. In yana kan tabarma, a sauke kyamara zuwa tsayin idonsa. Tambayar da amsarta "e" ko "a'a" ce ɓata kati ce. "Yaya aka yi ka fara?" da "Nuna mini yadda kake gane rijiya ta nuna" su suke buɗe baki. Idan ya kai aya, kada ka yi saurin jefa ta gaba. Ƙirga biyar a zuci. Sau da yawa abin da zai faɗa bayan wannan shirun, da ya ɗauka an gama, shi ne yake shiga fim.

Rabin labarin ba a karofi yake ba. Ƙullin da ke fitar da zanen ado a jikin tufa, mata ne suke yinsa a cikin gida da zare da allura, kafin a kawo wa marini. Namiji baƙo ba ya shiga nan, shi ya sa mataimakiyarmu ba don ɗaukar jaka aka zo da ita ba: ta iya ƙaramar kyamarar, ta iya sa makirufo. An nemi izinin maigida, aka nemi na matar ita kanta daban, domin amincewarsa ba ta wadatar. Ɗaya ta yarda da hannunta da muryarta ban da fuska, kuma haka aka yi. Ƙungiyar da ba ta da mace mai riƙe kyamara a wannan ƙasa tamu, ƙofar gida take tsayawa.

Ƙura da zafi suna da nasu lissafin. A hunturu ba a canza idon kyamara a fili. A shiga mota a rufe gilashi, a kifa bakin kyamarar ƙasa. Ƙwayar ƙura ɗaya a ciki za ta zama ɗigo a sararin sama a duk hoton ranar. Da bazara, lokacin da zafi yake haura digiri 40, ƙananan kyamarori suna kashe kansu a tsakiyar doguwar ɗauka. A yi mata lema, a janye allonta daga jikinta, a kashe ta a duk tazarar da aka samu. Ruwan rijiya kuma akwai toka a ciki, yana da kaifi, feshinsa kan tabo gilashi, don haka da farin gilashin kariya a gaban ido muka yi aikin bakin rijiya.

Kowane dare, kafin abinci, sai an juye katuna. Mutum ɗaya ne yake yi, ba a karɓa-karɓa. A buɗe jaka da kwanan wata da lambar kati, a kwafa a rumbu na farko, a kwafa a na biyu daga katin, ba daga rumbun farko ba, a gwada girman jakunkunan, a buɗe ɗauka uku ko huɗu a kalla a saurara. Sai an yi wannan ake goge kati, kuma a cikin kyamara ake goge shi. Katin da ya cika muna naɗe shi da jan salatif don kada a mayar da shi bisa kuskure. Rumbunan biyu ba sa kwana a gida ɗaya. Kwamfutar kuma a kan batirinta take aikin, domin ɗaukewar wuta a tsakiyar kwafi tana iya lalata fayil ba tare da ta nuna ba, sai bayan wata guda a ɗakin tacewa a tarar da hira ta tsaya a rabi.

Tacewa ta ci mako shida, kusan ninki shida na kwanakin ɗauka. An fara da rubuta duk hirarrakin kalma da kalma tare da lokacin kowace magana. Awa ɗaya ta hira tana cin awa biyar zuwa shida a rubuce. A kan takarda darakta ya fara gina shirin, da almakashi da alƙalami mai launi, kafin a taɓa kwamfuta. Mun yi aiki da DaVinci Resolve, wanda yake da nau'in kyauta da ya isa wannan aiki, muka yi ƙananan kwafi marasa nauyi don kwamfutar ta iya ja. Haɗin farko ya kai minti 90, na biyu 40, daga nan kowane minti da aka cire sai da aka yi gardama a kansa. A nan amanar darakta take fitowa. Yana da sauƙi a ɗauko rabin jimla daga safiya a liƙa da rabin ta yamma, a rufe mahaɗin da hoton hannu, mutum ya faɗi abin da bai faɗa ba. Ƙa'idar da nake bi ita ce: idan mai maganar ya zauna kusa da ni ya kalla, zai ce e, haka nake nufi? In ba zai ce ba, a warware.

Fassarar ƙasan allo layi biyu ce, kowane layi kada ya wuce haruffa 42, ta daɗe yadda mai karatu a hankali zai gama. Kalmomin sana'a irin su katsi mun bar su da Hausa, muka bari hoton ya yi bayani. Wajen rubuta sunaye da take kuwa a gwada salon rubutun tun da wuri, domin da yawa ba su da ɓ da ɗ da ƙ, sai ka ga Ƙofar Mata ta fito da ɗan akwati a madadin harafin farko. Ƙarfin sautin ƙarshe ya danganta da inda za a kai: gidajen talabijin masu bin ma'aunin Turai suna neman 23 ƙasa da sifili, YouTube kuwa wajen 14, don haka kwafi biyu ake fitarwa. Duk kiɗan da ba naka ba sai da rubutacciyar yarda, ko da na makaɗin unguwa ne.

Masu tambaya ta ina ake shiga wannan sana'a, akwai makaranta: Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa da Kwalejin Talabijin ta NTA, duka a Jos, da sassan aikin jarida na jami'o'i. Amma ko da takardar, matakalar ɗaya ce. Ka fara da ɗaukar jaka da cajin batir, ka riƙe sandar makirufo, a ba ka juye katuna, a ba ka kyamara ta biyu, sannan ta farko. Wanda yake son zama darakta, shawarata ya zauna kusa da mai tacewa na shiri biyu ko uku, domin a can ne zai ga hoton da aka manta ba a ɗauko ba da irin ramin da ya bari. Abincin yau da gobe yawanci daga aikin ƙungiyoyi da gidajen talabijin yake fitowa, kuma a kowace kwangila a duba layin da ya ce wa ke da ɗanyen hoton bayan an miƙa aiki. Shirin kanka kuwa akwai inda ake kai shi: bikin iREP na dokumentari a Legas, na Zuma a Abuja, FESPACO a Wagadugu da ake yi tun 1969, da IDFA a Amsterdam, wanda yake da asusun tallafa wa masu shirya fim daga Afirka da wasu yankuna. Manyan bukukuwa sun fi son abin da ba a taɓa saki ba, saboda haka kada ɗoki ya sa ka ɗora shi a YouTube kafin ka ji amsarsu.

Kafin mu aika ko'ina, karofi muka mayar da shi. Bayan sallar isha'i aka ɗaura farin zane a jikin katanga, aka kafa majigi, janareta kuma aka kai shi nesa da doguwar waya don kada ya danne sauti. Matan da suka yi ƙulli an kai musu nasu a kwamfuta har gida washegari. Mun zo da littafi muna rubuta gyara, kuma an samu guda biyu. Mun rubuta sunan wani da laƙabin da abokan wasansa suke kiransa da shi, ya ce a sa sunansa na yanka. Sannan wani dattijo ya ce mun nuna juya rijiya da muciya kafin zuba baba, alhali a aikinsu baba ne yake riga shiga. Muka koma ɗakin tacewa, muka sauya wa ɗauka biyun wuri, muka sake fitar da kwafin talabijin da na intanet.